Me ya sa Amurka ta rufe iyakarta saboda wata 'yar halitta marar huhu?

A watan Janairun 2016 hukumar kula da kifaye da namun daji ta Amurka ta hana shigo da nau'i 201 na wata halitta da ake kira salamanda cikin ƙasar. A Janairun 2025 ta tabbatar da wannan doka, ta kuma ƙara wasu nau'o'in sama da 160. A takardun gwamnati an sa su a jerin dabbobi masu cutarwa, jerin da mesar Burma take ciki. Duk wanda ya ji haka zai ɗauka wani mugun abu ne mai sara ko harbi, ko kuwa mai ɗauke da cutar da za ta faɗa wa mutane kamar yadda korona ta yi. Masu kiwon aksolotul, salamandar nan ta Meziko da yara ke so, wasunsu har sun ɗauka za a zo a ƙwace musu abinsu, alhali shigowa dokar ta hana, ba ta hana mallaka ba.

Cuta ake gudu, amma ba ta kama ɗan Adam. Ba ta kama shanu ko kaji ko amfanin gona. Kuma har yau ba a gan ta a dazukan Amurka ba. To mene ne abin tayar da hankali?

Salamandar gida ake karewa daga abin da na ƙetare ke ɗauke da shi a fatarsu. Kafin a gane girman wannan tsoro sai an san wadda ake jin tsoron dominta, kuma babu wadda ta fi dacewa a fara da ita kamar salamanda mai jan baya, wadda masana ke kira Plethodon cinereus.

## Da farko, ba ƙadangare ba ce

In ka nuna wa Bahaushe hotonta zai ce kulɓa ce, ko wata irin tsaka. Ba laifinsa ba ne. Babu salamanda ko guda a Afirka kudu da Sahara. A nahiyarmu sai can Maroko da Aljeriya da Tunisiya ake samun 'yan nau'o'i kaɗan. Shi ya sa ba mu da sunanta. Wanda ya leƙa tsofaffin littattafan Larabci mai yiwuwa ya ci karo da "samandal", halittar da ake cewa wuta ba ta cin ta. Turawan da ma sun yi wannan camfi, har Sarki Francis na Ɗaya na Faransa ya mai da ita tambarinsa, tana kwance cikin harshen wuta. Bayanin da aka fi yarda da shi shi ne, tana ɓuya a cikin ruɓaɓɓen icce, in an jefa iccen a murhu sai ta fito a guje, masu kallo su ce wuta ce ta haife ta. Gaskiyar kuwa akasin haka ce: kaɗan ne halittun da zafi da bushewa ke saurin kashewa kamarta.

Ƙadangare da damo da kulɓa fatarsu busasshiya ce, suna da farce, kuma kowa ya san yadda ƙadangare ke hawa katanga ya sha hantsi. Salamanda 'yar'uwar kwaɗo ce. Fatarta laushi da danshi, rana kuma abokiyar gabarta. Ka ɗauke ta kamar talibamban da ya fito da ƙafafu huɗu amma ya ƙi rabuwa da wutsiyarsa.

Duniya tana da nau'in salamanda sama da 700, kuma babu ƙasar da ta kai Amurka yawan nau'o'i. Cibiyarsu ita ce tsaunukan Appalachia da suka miƙe a gabashin ƙasar, tsofaffin duwatsu masu sanyi da hazo da ƙoramu. Gandun dajin Great Smoky Mountains kaɗai, a iyakar jihohin Tennessee da North Carolina, yana da nau'i kusan 30.

## Yadda ake numfashi ba huhu

Ka ɗauka kana cikin wani daji a jihar Virginia a watan Oktoba, an kwana ana yayyafi. Ƙasa a lulluɓe take da ganyen da ya zubo bara da bana, in ka taka sai ƙafarka ta nutse. Ka sunkuya ka mirgina wani guntun icce da ya fara ruɓewa. A ƙarƙashinsa, kan baƙar ƙasa mai sanyi, ga wata siririyar aba da ba ta wuce tsawon yatsanka ba, ko ta ɗara kaɗan. Jan layi ya taso mata daga ƙeya har wutsiya, cikinta kuma ɗigo-ɗigon fari da baƙi kamar gashin zabo. Ta ɗan daskare, maƙogwaronta yana bugawa da sauri, sannan ta sulale cikin ganye. Nauyinta bai cika wuce giram ɗaya ba. Wasunsu ba su da jan layin, launin dalma ne gaba ɗaya, amma duk nau'i ɗaya ne, uwa ɗaya ma tana iya haifar kala biyun.

Wannan halitta ba ta da huhu. Ba ta kuma da abin da kifi ke numfashi da shi. Da fatarta take shaƙar iska, da kuma fatar cikin bakinta. Iskar oksijin tana narkewa a danshin da ke jikinta, ta ratsa fata ta shiga ƙananan jijiyoyin jini da ke daf da waje. In fatar ta bushe, numfashi ya tsaya. Duk rayuwarta a kan wannan take tafiya. Ba ta fitowa sai dare, kuma sai ƙasa tana da laima. In an daɗe ba ruwa sai ta nutsa cikin ramukan ƙasa ta yi ta zama da yunwa. In hunturu ya zo ta gangara ƙasa da inda ƙanƙara ke kaiwa. Danginta marasa huhu ba 'yan tsiraru ba ne, su ne kusan kashi biyu bisa uku na duk salamandar duniya, kuma kusan dukkansu a nahiyar Amurka suke, sai 'yan kaɗan a kudancin Turai da guda ɗaya da aka bayyana a Koriya a 2005.

Abincinta ƙananan ƙwari ne da ke cikin ganye: tururuwa, 'yan mitsi-mitsin gizo-gizo, tsutsar ƙudaje, ƙananan tana. Akwai wani siririn tsagi daga hancinta zuwa leɓe, in ta taɓa ƙasa da baki sai danshi ya hau ta cikinsa ya kai mata ƙamshin abin da ya wuce ta wurin. Da haka take gane gidan wani. Kowace babba tana da dutse ko iccen da ta mallaka, tana yi masa alama da kashinta da warin jikinta, tana kuma korar baƙo. Wani masani mai suna Robert Jaeger, wanda ya shafe shekaru yana nazarinta a tsaunukan Virginia, ya nuna cewa tana bambanta maƙwabcin da ta saba da shi da wanda ba ta sani ba, faɗanta ya fi tsanani da baƙon. In tsuntsu ko maciji ya kama wutsiyarta sai ta sakar masa ita tana mutsu-mutsu, ta tsere, daga baya wata ta tsiro.

Abin da ya fi taɓa zuciyata a lamarinta shi ne haihuwa. Kwaɗon damina yana zuba dubban ƙwai a kududdufi ya kama gabansa. Ita kuwa ba ruwanta da kududdufi. A farkon lokacin zafi macen takan sami wani ɗan kogo cikin ruɓaɓɓen icce ko ƙarƙashin dutse, ta rataye 'yan ƙwai da ba su cika wuce goma ba, kamar ɗan nonon inabi. Sai ta nannaɗe su da jikinta. Haka za ta zauna kusan wata biyu, da ƙyar take cin abinci, tana hana su bushewa, tana kare su daga masu ci, danshin fatarta kuma yana hana funfuna kama su. 'Ya'yan suna gama matakin talibamban a cikin ƙwan, su ƙyanƙyashe da kamannin uwarsu sak. A yankunan arewa masu sanyi sai bayan shekara biyu macen take sake yin ƙwai. A riƙe wannan, domin halittar da ke haihuwa da ɗaiɗai haka, in annoba ta share ta, dawowarta ba yau ba.

## Yawan da ido ba ya gani

Mutum zai iya shekara yana yawo a waɗannan dazuka bai ga salamanda ko ɗaya ba. Amma a 1975 wasu masana biyu, Thomas Burton da Gene Likens, sun ƙirga su a dajin gwaji na Hubbard Brook a jihar New Hampshire, suka sami kusan 2,950 a kowace hekta. Sama da kashi 90 cikin ɗari na nauyinsu na mai jan baya ne. Da aka haɗa nauyinsu duka sai ya ninka na tsuntsayen dajin fiye da sau biyu, a lokacin da tsuntsayen suka fi yawa, ya kuma yi daidai da na ɓeraye da jaɓa.

Daga baya aka gane wannan lissafin ma ya yi kaɗan, domin a kowane dare 'yan ƙalilan ne ke saman ƙasa, mafi yawa suna ciki. A 2024 masanan hukumar binciken ƙasa ta Amurka tare da abokan aikinsu sun fitar da sakamakon ƙirga a wurare 18, inda ake kama salamanda a sa mata alama a sake ta, a dawo a ga nawa za a sake kamawa. Sun sami daga 1,950 har zuwa 34,300 a hekta, matsakaicin kuma ya kusa 10,000. Manomin da ya san faɗin hekta ɗaya ya kwatanta dabba dubu goma a cikinta, kowace tana farauta duk daren da aka yi ruwa.

Wannan yawa ne ya sa take da muhimmanci. Tana cin ƙwarin da tsuntsu bai isa ya gani ba saboda ƙanƙanta, kuma da yake jikinta ba ya ƙona abinci don ɗumama kansa, yawancin abin da ta ci yana zama tsoka. Ita kuma sai macizai da jaɓa da talotalon daji da wasu tsuntsaye su ci ta. Gada ce tsakanin duniyar cikin ganye da ta manyan dabbobi.

Akwai kuma maganar da ake yawan yaɗawa cewa salamanda tana taimakawa wajen rage ɗumamar yanayi. Hujjar ita ce, ƙwarin da take ci su ne ke yayyaga busasshen ganye su gaggauta ruɓewarsa, ruɓewa kuma tana sakin iskar kabon zuwa sama. Wani gwaji da aka yi a California a 2014 da wani nau'in daban ya nuna cewa inda salamanda take, ganyen da ya rage a ƙasa ya fi na inda ba ta da kusan kashi 13 cikin ɗari. Wani gwajin kuma da aka yi da mai jan baya a New Hampshire bai ga bambanci ba. A ganina bai kamata masu kare ta su jingina da wannan hujja sosai ba. Yawanta da matsayinta a abincin daji sun ishe su hujja.

## Abin da ya faru a dajin Bunderbos

Tsoron Amurka daga Turai ya samo asali. A kudancin Holan, a lardin Limburg, akwai wani ɗan daji mai suna Bunderbos inda salamandar wuta take zaune. Wannan babba ce, baƙa wuluk da zanen ruwan ɗorawa, kyakkyawa ƙwarai, kuma masu sa-kai sun daɗe suna ƙirga ta kowace shekara. Daga 2008 sai suka fara tsintar gawarwaki a kan hanya, daga 2010 kuma yawansu ya faɗi warwas. Zuwa 2013 kashi 96 cikin ɗari sun tafi. An gwada cututtukan da aka sani, ba a sami ko ɗaya ba. Don ceton iri aka kwashi 39 aka killace su, nan ma kusan rabinsu suka mutu a hannu, jikinsu duk gyambo.

Daga fatar waɗannan matattu ne An Martel da Frank Pasmans na Jami'ar Ghent a Beljiyam suka ware wata ƙwayar cuta da ba a taɓa sani ba, suka bayyana ta a 2013. Dangin funfuna ce, wato irin halittun da ke kawo makero a fatar mutum, sai dai wannan ba ta tsayawa a sama. Sun raɗa mata Batrachochytrium salamandrivorans, kalmar ƙarshen tana nufin "mai cin salamanda". A taƙaice ana ce mata Bsal. Tana huda fata ne ramuka-ramuka, dabbar ta daina cin abinci, ta kasa motsi, ta mutu cikin mako biyu zuwa uku. Ga halittar da fatarta ce hanyar shan ruwanta da daidaita gishirin jikinta, wannan hukuncin kisa ne. Ga wadda fatar ce huhunta kuwa, kowa ya iya ƙiyasta abin da ake tsoro.

Ba da jimawa ba ta bayyana a Beljiyam, sannan Jamus, a yankin Eifel da na Ruhr, sannan a 2018 a wani gandun daji kusa da Barcelona a Sifaniya. Wani nazari da aka buga a 2017 kan salamandar wuta a Robertville ta Beljiyam ya nuna abubuwan da suka kashe wa masana jiki. Cikin wata shida kusan kashi 90 cikin ɗari sun ƙare. Wadda ta kamu ta warke ba ta samun kariya daga sake kamuwa. Ƙwayar tana yin wasu 'ya'ya masu tauri da ke yawo a saman ruwa, suna iya maƙalewa a ƙafar tsuntsayen ruwa, ƙasar daji ma tana riƙe cutar na wani lokaci. Sannan akwai wasu nau'o'in salamanda da kwaɗi da ke ɗauke da ita ba tare da ta kashe su ba. Ma'ana, ko salamandar wuta ta kusa ƙarewa a daji, cutar ba ta ƙarewa tare da ita.

A keji ana iya warkar da ita. Ƙwayar ta fi son sanyin digiri 10 zuwa 15 a ma'aunin Selshiyas, kuma in aka ajiye dabbar a digiri 25 har kwana 10 ƙwayar takan mutu. Amma ba a ɗumama daji. Feshin magani kuwa ƙadangaren bakin tulu ne, domin ƙasar daji cike take da funfuna masu amfani waɗanda saiwoyin itatuwa suka dogara da su. A Sifaniya an yi duk abin da za a iya: an kewaye wurin da shinge, an kwashe dabbobin, an wanke, an yi shekaru ana sa ido. An taƙaita ta, amma ba a kawar da ita ba.

## Ta ina ta shigo?

A 2014 Martel da abokan aikinta suka duba dubban samfurori daga nahiyoyi daban-daban, suka gano cewa asalin ƙwayar gabashin Asiya ne. A can ta daɗe tana zaune da salamandar Japan da Vietnam da maƙwabtansu, sun saba da juna, ba ta cika kashe su ba. Hanyar da ta fi kama hankali ita ce kasuwar dabbobin ado. Ana kama 'yan salamanda masu jan ciki a Asiya, a zuba su ɗaruruwa a akwati, a tura Turai da Amurka a sayar da araha. Wani ya gaji da tasa ya sake ta a tafki, ko ya zubar da ruwan kwalabarta a bayan gida. A Sifaniya an danganta ɓarkewar da wasu salamandar ƙetare da wani ya saki a gandun.

Da Amurka ta duba littafinta sai ta ga tsakanin 2004 da 2014 an shigo mata da salamanda kusan miliyan biyu da rabi, mafi yawa daga Asiya. Gemun ɗan'uwa ya kama da wuta. Ga kuma darasin da duniya ta riga ta sha: Bsal tana da 'yar'uwa mai suna Bd, wadda aka bayyana a 1999 bayan ta riga ta yi ɓarna a Ostareliya da Amurka ta Tsakiya. Wani babban nazari na 2019 ya ɗora mata alhakin raguwar nau'i 501 na kwaɗi da danginsu, 90 daga ciki ana jin sun ƙare ƙaf. Waccan sai da ta gama yaɗuwa aka san sunanta. Wannan kuwa an san ta tun tana 'yan dazuka kaɗan a Turai.

Sai dai Amurka ba ta da wata doka da aka yi musamman don hana cutar namun daji shigowa. Abin da ke hannu shi ne tsohuwar dokar Lacey ta 1900, wadda ke ba gwamnati ikon hana shigo da dabba in an ayyana ta mai cutarwa. Dokar ba ta san ƙwayar funfuna ba, dabba ta sani. Don haka aka rubuta sunan masu ɗauke da cutar a maimakon cutar. Asalin ruɗanin ke nan. Shi ya sa har zuriyar Plethodon, wato dangin mai jan baya, 'yan gida da ake son karewa, suna cikin jerin, tunda su ma za su iya ɗaukar ta. Kanada ta bi sahu a 2017, Tarayyar Turai kuma ta kafa sharuɗɗan gwaji da killacewa a 2018.

## Inda aka saɓa

Ba daidai ba ne a nuna 'yan kasuwar dabbobi a matsayin miyagu. Tun a ƙarshen 2015, kafin dokar ta fito, babbar ƙungiyar masu wannan sana'a a Amurka ta nemi 'ya'yanta su dakatar da shigo da nau'o'in Asiya da aka fi zargi. Ƙorafin masu kiwo shi ne an yi musu kuɗin goro. Wanda ya shekara ashirin yana kiwon salamanda lafiyayyu a gidansa, me ya sa za a hana shi aika wa abokinsa a wata jiha? Su sun fi son a riƙa gwada dabba a ba ta takardar shaidar lafiya, suna kuma gargaɗin cewa hani yakan tura ciniki ƙarƙashin ƙasa inda ba mai dubawa. A 2017 kotun ɗaukaka ƙara ta tarayya a Washington, a wata shari'a da masu kiwon macizai suka shigar, ta yanke cewa wannan sashe na dokar bai hana jigila tsakanin jihohi 49 na babban yankin ƙasar ba. Abin da ya tsaya da ƙarfi shi ne hanin shigowa daga waje.

Daga ɗaya ɓangaren kuma wasu masana cewa suke dokar ta yi sassauci. A 2017 an sami Bsal a jikin wasu ƙananan kwaɗi da aka fitar daga Vietnam don sayarwa, kwaɗi kuma ba sa cikin jerin. Ƙofar gaba a rufe, taga a buɗe.

Ni dai ina ganin ƙorafin masu kiwo yana da tushe, kuma tsarin gwaji da shaidar lafiya shi ne abin da ya kamata a kai gare shi. Amma a 2016 babu wannan tsari a ƙasa, akwatuna kuma suna ta sauka a filayen jirgi. Da kuskuren hana abin da ba shi da haɗari da kuskuren barin cutar ta shiga Appalachia, na farkon ne kaɗai ake iya gyarawa daga baya.

## Mai jan baya za ta mutu ne in cutar ta iso?

A nan masu yaɗa labari sukan wuce gona da iri. Gwaje-gwaje sun nuna nau'o'in Amurka ba ɗaya suke ba. Wani nazari na 2023 ya gwada nau'i 35: kusan kashi uku bisa huɗu sun kamu, kusan kashi ɗaya bisa uku an sami mutuwa a cikinsu. Wata salamandar tafki da ta cika gabashin Amurka, wadda 'ya'yanta jajaye ke shekaru suna yawo a daji kafin su koma ruwa, tana cikin waɗanda cutar ke kashewa, kuma ita ce ake tsoron za ta kai ta lungu-lungu. Mai jan baya tana cikin masu ɗan juriya. A fatarta ma an gano wata bakteriya mai suna Janthinobacterium lividum da ke fitar da sinadari mai launin shuni, wanda ke hana Bd girma. Amma juriya a ɗakin gwaji, inda ake ciyar da dabba ana kula da ita, daban take da juriya a daji lokacin fari. Kuma halittar da ta kai dubu goma a hekta, in ta zama mai ɗauke da cuta ba ta mutu ba, ta zama rumbun cutar ga danginta masu rauni.

Ko ba Bsal ma, akwai abin da ke cin ta tun yanzu. In aka sare daji ƙaf, rana ta sauka a ƙasa, ganye ya bushe. Wani nazari na 1993 a yammacin North Carolina ya ƙiyasta cewa irin wannan sara a dazukan gwamnati na yankin yana halaka salamanda kusan miliyan 14 a shekara, kuma sai an yi shekara 50 zuwa 70 kafin su dawo. Wasu masana sun ce wannan ya yi yawa, shekara ashirin da 'yan kai ta isa. Ko da na biyun ne daidai, ai tsawon tasowar yaro ne har ya yi aure. Akwai kuma tana. Mu nan mun san ta da gyara ƙasa, amma dazukan arewacin Amurka da ƙanƙara ta taɓa binnewa sun tashi ne babu ita. Tanar Turai da ta Asiya da suka shigo cikin tukwanen shuke-shuke da gwangwanin masu fatsa suna cinye shimfiɗar ganyen nan ƙarƙaf, su bar ƙasa tsirara.

Wadda ta fi shiga uku ita ce 'yar'uwarta ta kusa, salamandar Shenandoah. A duk duniya ba ta da gida sai kan duwatsu uku a gandun Shenandoah na Virginia: Hawksbill da Stony Man da Pinnacles. Tana zaune cikin tarin duwatsu a gefen arewa mai inuwa, inda hazo ke sauka. Ƙasa da nan mai jan baya ta mamaye wuri, sama da nan kuma babu sauran dutse. Tun 1989 take cikin jerin halittun da ke daf da ƙarewa. Babban binciken duniya na 2023 ya nuna kashi 41 cikin ɗari na kwaɗi da danginsu suna cikin haɗari, a salamanda kuwa uku ne cikin kowane biyar.

## Mu da ba mu da salamanda fa?

Bsal ba barazana ba ce ga gonar kowa a Kano ko Maradi, zafinmu ma ya fi ƙarfinta. Amma 'yar'uwarta Bd tana nahiyarmu. An same ta a jikin kwaɗi a gandun Okomu na jihar Edo, kuma a tsaunukan Oku da Manengouba na Kamaru masana sun ga wasu nau'o'in kwaɗin da suka saba gani sun yi ƙaranci a daidai lokacin da ƙwayar ta yawaita. Tsaunuka masu sanyi da laima, irin waɗanda suka ratso har Mambila, su ne wuraren da irin wannan cuta ke jin daɗi. Batun baƙon da ke ƙetare iyaka ba a gani kuwa, manoman tumatir na Kadawa ba sa bukatar a yi musu bayani. Tsutsar da ta cinye musu gonaki a 2016 asalinta Kudancin Amurka ne, ta biyo ta Sifaniya.

A Amurka yanzu aikin sa ido ake yi. Ma'aikaci ko ɗalibi ya sa safar hannu, ya ɗauki salamanda a sabuwar leda, ya goga mata ɗan tsinken auduga a ciki da ƙafafu da wutsiya, ya jefa tsinken a kwalba, ya mayar da iccen yadda ya same shi, ya ajiye ta a gefensa ta shige da kanta don kada ya danne ta. Kafin ya wuce wani dajin sai ya wanke takalmansa da ruwan bilic. Tsakanin 2014 da 2017 an ɗauki irin wannan samfuri sama da 11,000 a jihohi 35, ba a sami Bsal a ko ɗaya ba. Ana ci gaba da gogawa kowace shekara, musamman kusa da manyan biranen da jiragen kaya ke sauka da kuma cikin tsaunukan Appalachia.